Mutumin Da Ya San Inda Ake Ajiye Duhu



Kwanan baya, bayan an tashi yara daga makaranta, muka tarad da waɗansu samari a ƙofa suna gardama a kan finafinan Indiya na dā, irin waɗanda iyayenmu suka yi ta rububin gani a gidajen silima na Kumasi da Ankara. Wannan ya ce Dilip Kumar ya fi kowa, wancan ya ce a'a, Raj Kapoor ne, wani dattijo kuma da ke gefe ya sa baki ya ce duk wanda bai ga Nargis a cikin Mother India ba bai ga kome ba. Sai muka tambaye su, muka ce, to, wa ya riƙe kyamara ya ɗauki Mother India ɗin? Aka yi tsit. Sunansa Faredoon Irani, kuma a rubuce yake a farkon fim, sai dai a lokacin da ake nuna sunayen nan mutane suna neman wurin zama ne suna sayen gyaɗa.

Wannan shirun shi ya sa muka ɗauki alƙalami. Muna so mu yi magana a kan mutum guda daga cikin masu wannan sana'a, wanda a ganinmu ya fi cancanta a san shi. A fim ana rubuta sunansa V. K. Murthy, mu kuwa Murti za mu riƙa kiransa don sauƙin baki. Za mu faɗi abin da ya iya, mu kuma faɗi inda muke da ja da shi, gama yabo tsantsa ba shi da amfani ga mai karatu.

Da farko mai ɗaukar hoto ya yi mana kama da mai kwafar littafi, wanda yakan rubuta sunansa ƙanana a ƙarshen shafi bayan sunan mawallafi ya cika bango. Amma da muka sake dubawa sai muka ga misalin bai cika ba. Mai kwafa abin da ya tarar shi yake juyawa, in ya ƙara ko ya rage ya ci amana. Mai ɗaukar hoto kuwa ba ya tarad da kome sai zaure mai duhu, da katakai da aka kafa kamar ɗaki, da mutane biyu ko uku da suka hardace magana. Darekta zai ce masa, a nan matar nan za ta gane cewa mijinta ba zai dawo ba. Shi ne zai yanke inda fitila za ta tsaya, da ƙarfinta, da wane gefen fuska zai sami haske, da nisan kyamara, da irin gilashin da za a ɗaura mata, da ko za ta tsaya cik ko za ta matso a hankali. Duk abin da idonka ya gani a allon silima, ta hannunsa ya bi. Abin da ya hana ka gani kuma, shi ma da gangan ne.

An haifi Murti a Maisur, a kudancin Indiya, ran 26 ga Nuwamba 1923. Tun yana yaro ya koyi kaɗa goge irin na Turawa, kuma wanda ya lura da yadda kyamararsa take tafiya tare da kiɗa zai gane cewa wannan karatu bai tafi a banza ba. A 1943 Ingilishi suka ɗaure shi na ɗan lokaci saboda shiga gwagwarmayar neman 'yancin ƙasarsa. Ya yi karatun ɗaukar hoto a makarantar koyon sana'a ta Bangalor, ya gama a 1946, sa'an nan ya nufi Bombai, wadda yanzu ake kira Mumbai, cibiyar finafinan Hindi. Ya yi shekaru yana yaron wasu, cikinsu har da Fali Mistry, wanda shi Murti ya ɗauka a matsayin malaminsa a sha'anin haske.

A 1951 ana ɗaukar Baazi, fim na farko da wani saurayi mai suna Guru Dutt ya ba da umarni. Murti mataimaki ne kurum, babban mai kyamara shi ne V. Ratra. Aka zo ɗaukar wata waƙa a gidan rawa, darekta yana neman hanyar da zai shiga wurin, sai mataimakin nan ya ba da shawara a fara daga cikin wani babban madubi, kyamara ta juyo daga hoton da ke madubin ta bi mutum har ta kai ga masu rawa ba tare da an yanke ba. Abu ne mai wuya, aka bar masa ya ɗauka da hannunsa, ya kuwa fito daidai. Guru Dutt ya ce masa daga fim mai zuwa tare za su yi aiki. Haka aka yi. Jaal a 1952, Baaz a 1953, Aar Paar a 1954, Mr. & Mrs. '55 a 1955, duk shi ya ɗauka, haka kuma C.I.D. na 1956, wanda kamfanin Guru Dutt ya shirya, Raj Khosla ya ba da umarni. A waɗannan ana ganin hannunsa yana faɗawa: titunan dare, inuwar ƙarafan taga a kan fuska, waƙa a cikin mota ko garejin gyaran mota maimakon lambun furanni. Amma ba za mu daɗe a kansu ba, domin magana tana ga finafinai uku da suka biyo baya.

Kafin mu shiga cikinsu, sai mu san abin da aka saba da shi a lokacin. Mai kuɗin fim ya biya tauraro kuɗi mai yawa, saboda haka yana so a ga fuskar da ya saya, dukanta, a kowane lokaci. Sai a jera fitilu ta gaba da ta gefe da ta sama har inuwa ta rasa wurin ɓuya. Hoton yakan fito fes, amma ba ya cewa kome: ɗakin makoki da ɗakin biki haskensu ɗaya. Murti ya bi wata hanya dabam. Mu da muka zauna gaban malamai muka karanta balaga mun san babin hazfi, watau inda mai magana yakan bar wata kalma bai faɗe ta ba, barinta kuwa ya fi faɗinta ƙarfi. Abdulƙahir al-Jurjani ya yi dogon bayani a kansa. To, duhu a wurin Murti hazfi ne. Yakan cire rabin fuska, ko ya cire bango da kujeru da duk tarkacen ɗaki, ya bar maka idanu biyu da ɗan layin haske a gefen kunci, sai zuciyarka ta cika sauran. Wannan shi ne abin da muka zo faɗi a kansa, sauran duk shaida ce.

Shaida ta farko Pyaasa ne, na 1957. Labarin wani mawaƙi ne mai suna Vijay a birnin Kalkata, wanda 'yan'uwansa suka sayar da takardun waƙoƙinsa a matsayin takardar ƙunshi, masu buga littattafai suka kore shi, ba wanda ya san darajarsa sai wata mace mai zaman kanta, Gulabo, wadda Wahida Rahman ta fito a matsayinta. Ya ba wani almajiri rigarsa, jirgin ƙasa ya take almajirin, aka ɗauka mawaƙin ne ya mutu. Nan da nan waƙoƙinsa suka yi kasuwa, waɗanda suka wulaƙanta shi suka zama masu kuka a kansa. Ran da aka taru a wani babban zaure don tunawa da shi, sai ga shi a bakin ƙofa.

Dubi yadda Murti ya ɗauki wannan wuri. Zauren cike yake da mutane, amma hasken da ya fi ƙarfi yana bayan mutumin da ke tsaye a ƙofa, hannuwansa a miƙe sun dafa gefe da gefe. Fuskarsa ba ta fito sosai ba, siffarsa kurum ake gani baƙa a tsakiyar fari. Da wani ne da ya haska fuskar don a ga hawaye. Murti ya gane cewa mutanen zauren ba su taɓa ganin fuskar mutumin nan ba tun yana tare da su, suna ne kawai suke girmamawa, saboda haka ya ba su siffa ba fuska. Sa'an nan kyamara takan ja da baya ta bar shi ƙarami, ta kuma komo da sauri kan fuskokin maƙaryata ɗaya bayan ɗaya, kowa da irin tsoronsa. Wannan matsowa kusa da fuska da dogon gilashi, mai milimita 75 ko 100, har ta zama alamar finafinan Guru Dutt a wurin ma'aikatan Bombai. Dogon gilashi yakan narkar da abin da ke bayan mutum ya bar fuska ita kaɗai, amma yana da tsanani, domin in ɗan wasa ya gusa da faɗin yatsa biyu sai hoton ya dushe. Yin haka da kyamara mai tafiya a kan dogo, a kuma sa tafiyar ta dace da kiɗa, sai mai haƙuri.

Akwai kuma wurin da Vijay yake yawo da dare a unguwar mata masu zaman kansu yana waƙa. Wani mai kyamara zai mai da wurin abin sha'awa. A nan matan suna bayan ƙarafa da labule, haske yana faɗo musu gutsure-gutsure, ba a bar ido ya huta a kan jikin kowa ba. Mun ga wannan a matsayin ladabi, kuma ladabin daga fitila ya fito.

Shaida ta biyu ita ce babba, Kaagaz Ke Phool na 1959, ma'anar sunan furannin takarda. Shi ne fim na farko da aka yi a Indiya da CinemaScope, watau allo mai faɗi, wanda faɗinsa ya ninka tsayinsa sau biyu har da ɗori, alhali allon da aka saba da shi kusan murabba'i ne, huɗu bisa uku. Gilasan na kamfanin 20th Century Fox ne na Amurka. A can an fi amfani da faɗin nan don nuna rundunar yaƙi da dawaki da fadar sarakuna. Murti da Guru Dutt suka ɗauke shi suka nuna kaɗaici da shi. Labarin wani darekta ne, Suresh Sinha, wanda aurensa ya lalace, ya haɗu da wata yarinya, Shanti, a daren ruwan sama, ya ba ta rigarsa, ta zo mayar masa da ita har zauren ɗaukar fim, daga nan ya mai da ita tauraruwa. Tsegumi ya tashi, 'yarsa ta roƙi Shanti ta rabu da ubanta, ta tafi. Shi kuwa kotu ta raba shi da 'yar, ya faɗa shan giya, aikinsa ya rushe, har ya komo zauren da ya yi mulki a ciki yana neman aikin 'yan cika wuri. A ƙarshe ya mutu a kan kujerar darekta, cikin zaure wayam.

Yawancin fim ɗin a cikin zauren ɗaukar fim yake, kuma Murti bai ɓoye zauren ba. Ga tsani, ga igiyoyi, ga fitilu a rataye, ga hanyar katako can sama inda masu fitila suke tafiya. Yakan ajiye Suresh a wannan ƙarshen allo, Shanti a wancan, ya bar fili baƙi a tsakaninsu, filin nan kuwa shi ne auren da bai mutu ba, da 'yar, da bakin mutane. Ba a bukatar a faɗa.

A nan ne aka yi hoton da ya fi kowane shahara a aikinsa. Wata rana da la'asar shi da Guru Dutt suka ga hasken rana ya ratso ta wata kafa a saman zauren ya sauko kamar sanda. Kowa a cikinmu ya san irinsa: rufin kwano ya huje, ana shara da safe, sai ka ga igiyar haske tsaye a tsakar ɗaki, ƙura tana iyo a cikinta. Guru Dutt ya ce shi wannan yake so a fim. Fitilun zaure ba za su iya ba, gama hasken fitila bazuwa yake yi yana faɗaɗa, na rana kuwa saboda nisanta a miƙe yake zuwa, kaurinsa ɗaya daga sama har ƙasa. Sai Murti ya sa aka kawo manyan madubai biyu. Aka ajiye ɗaya a waje yana karɓar rana yana jefa ta ciki ta wata ƙofa ta sama, ɗayan kuma a can saman zauren yana karɓa yana sauko da ita ƙasa. Sa'an nan aka tada hayaƙi, domin haske ba a ganinsa a kan hanya sai ya sami abin da zai faɗa a kai. Rana kuwa ba ta tsayawa jiran kowa, dole a riƙa gyara madubin waje tana gusawa.

A nan sai mu ɗan ratse. Ibnul Haisam, mutumin Basra da ya rasu a Alƙahira wajen shekara ta 1040, ya tabbatar a littafinsa Kitabul Manazir cewa haske a miƙe yake tafiya, kuma daga abu yake zuwa ga ido, ya gwada haka da ɗaki mai duhu da 'yar kafa a bango. Kowace kyamara jikar ɗakin nan ce. Da madubai biyu da hayaƙi Murti ya yi aikin da ba a fita daga babin malamin nan ba ko taki ɗaya.

To, me aka yi da hasken? Waƙa ce Geeta Dutt take rerawa daga baya, S. D. Burman ya yi kiɗan, Kaifi Azmi ya rubuta baitocin. Suresh da Shanti ba su buɗe baki ba, ba su taɓa juna ba. Suna tsaye nesa da juna a cikin duhu, sandar hasken nan a tsakiya. Sai aka ɗora hoto bisa hoto, aka ga kamanninsu sun fita daga jikinsu sun taka sun haɗu a cikin hasken, jikunan kuwa suna nan inda suke. Mun sha ganin waƙoƙin soyayya a finafinan Indiya, da guje-guje a kan duwatsu da sauya tufafi sau bakwai. Ba mu ga wadda ta kai wannan faɗin abin da ke zuciya ba, kuma an yi ta ne da mutum biyu a tsaye da tufafinsu na kullum.

Fim ɗin ya faɗi a kasuwa warwas. Murti ya sami lambar Filmfare ta ɗaukar hoto, Guru Dutt kuwa ya yi hasara mai yawa, bai ƙara sa sunansa a matsayin darekta ba har ya mutu. Masu kallo na lokacin ba mu ce ba su da hujja ko kaɗan ba. Labarin yana da rauni. Barkwancin Johnny Walker da dangin matar masu kwaikwayon Turawa kamar daga wani fim aka yanko su aka liƙa, kuma a wuraren nan hasken Murti kansa yakan koma na kowa da kowa, kamar ya ajiye hankalinsa yana jiran a komo zaure. Suresh kuma mutum ne mai yawan tausayin kansa, an miƙa masa hannu ya ƙi kamawa.

Nan ne jayayyarmu take, kuma muna so samari su saurara. Haske mai kyau yana iya yin ƙarya. Lokacin da Suresh ya lalace da giya, Murti ya ɗauke shi cikin hazo da inuwa masu daɗin kallo, har lalacewar ta yi kwarjini. Wanda ya taɓa ɗauko mashayi daga bakin kwata da asuba ya san abin ba haka yake ba. Akwai wari, akwai kunyar iyali, akwai bashi. Kyamarar Murti ba ta da wurin ajiye waɗannan, gama duk abin da ta taɓa sai ya yi kyau. Yaro mai ɗan hazaƙa da ya ga duniya ba ta yi masa adalci ba zai iya kallon fim ɗin nan ya fito yana ganin rushewa wata irin sarauta ce. Hazfi yana da sharaɗi a wurin malaman balaga: sai an bar alamar da za ta nuna abin da aka cire. A wasu wurare na Kaagaz Ke Phool an cire ƙazantar abin ba a bar alama ba.

Don a gane cewa akwai wata hanya, sai a dubi Subrata Mitra, wanda ya ɗauki finafinan Satyajit Ray na farko a Kalkata a shekarun nan guda. A Aparajito na 1956 an gina tsakar gida irin ta Banaras a cikin zaure, sai Mitra ya shimfiɗa farin ƙyalle a sama ya haska shi, hasken ya dawo ƙasa a tausashe kamar na sararin sama, ba inuwa mai kaifi. Burinsa kada ka san an kunna fitila. Murti kuwa yana so ka sani, haskensa magana yake yi da murya. Talauci a hannun Mitra talauci ne, a hannun Murti waƙa ne. Ba mu ce ɗaya ya kori ɗaya ba, amma in za a ba mu amanar nuna wahalar mutane, hanyar Mitra ta fi kusa da gaskiya, in kuwa abin da ke ɓoye a zuci ake so a fito da shi, ba mu san wanda ya kama ƙafar Murti ba.

Shaida ta uku ita ce ta ba mu amsar rabin wannan ƙorafi. Sahib Bibi Aur Ghulam na 1962, wanda Abrar Alvi ya ba da umarni, an ɗauko shi daga littafin Bimal Mitra, labarin wani gidan masu ƙasa a Kalkata a ƙarshen ƙarni na 19, gida mai rushewa. Mina Kumari ta fito a matsayin amaryar ƙaramin maigida, wadda mijinta yake kwana a wurin mata masu rawa. Don ta riƙe shi a gida sai ta yarda ta riƙa shan giya tare da shi, abin ya cinye ta. Farkon haɗuwarta da baƙon ƙauye Bhootnath, wanda Guru Dutt ya fito a matsayinsa, darasi ne. Saurayin yana jin nauyi, idonsa a ƙasa, saboda haka kyamara ma idonta a ƙasa: shimfiɗa, sa'an nan ƙafafunta, muryarta tana zuwa daga sama, sai can daga baya fuskar ta cika allo gaba ɗaya. An sa mai kallo ya ji kunyar da yaron yake ji. Kuma a wannan fim hasken yana bin lalacewar matar sawu da sawu. Da farko fuskarta a cike take da haske kamar wata, a hankali inuwa tana cin gefenta, gashi ya warware, idanu suka faɗa, ɗakin da ke walƙiya ya koma kamar rami. A nan giya ba ta yi kwarjini ba. Abin da muka zarge shi da shi a 1959 ya gyara mafi yawansa a 1962.

Akwai wata rawa a fim ɗin da ake yawan ambato. Babbar mai rawa, Minoo Mumtaz, tana cikin haske, sauran 'yan matan da ke bayanta kuwa daga farko har ƙarshe inuwa ce kurum, ana ganin motsinsu ba a ganin fuskar ko ɗaya. Yin haka da mutane masu juyi a fili guda, ba tare da hasken waccan ya zubo a kan waɗannan ba, sai wanda ya auna kowace fitila. Ma'anar kuma ta zauna daram: a idon masu gidan nan matan ba mutane ba ne, kayan ado ne. Wannan fim ya kawo masa lambar Filmfare ta biyu.

Guru Dutt ya mutu ran 10 ga Oktoba 1964, yana da shekara 39. Murti ya rayu shekara kusan hamsin bayansa, bai kuma daina aiki da wuri ba. Tun kafin rasuwar ya je Landan koyon ɗaukar fim mai launi, inda ya zauna tare da ma'aikatan The Guns of Navarone. Ya yi finafinai da yawa da Pramod Chakravorty, irin su Love in Tokyo na 1966, da Naya Zamana na 1971, da Jugnu na 1973, waɗanda suka yi kasuwa fiye da Kaagaz Ke Phool nesa ba kusa ba. Mun kalle su. Aiki ne mai tsabta, launi ya zauna, taurari sun fito da kyau, amma in an rufe sunan ba za ka rantse cewa shi ne ba. Dalili biyu muke gani. Fim mai launi na lokacin yana cin haske da yawa, masu kuɗi kuma da suka biya kuɗin launi ba su yarda a binne shi a duhu ba. Na biyu kuwa, ido irin nasa yana bukatar abokin da zai tambaye shi abu mai wuya. Guru Dutt mutum ne da zai nuna hasken rana ya ce shi nake so, ya kuma yarda a ɓata yini ana jan madubi. Da ya tafi, ba a ƙara yi wa Murti irin wannan tambaya ba sai jefi-jefi. Ya sa hannu a Pakeezah na Kamal Amrohi bayan rasuwar mai ɗaukarsa na asali, Bajamushe Josef Wirsching, a 1967, ya kuma ɗauki Razia Sultan na 1983. Sai a ƙarshen shekarun 1980 tsohon hannun ya sake bayyana, a talabijin: Tamas, na almajirinsa Govind Nihalani, a kan kashe-kashen rabuwar Indiya da Pakistan a 1947, da Bharat Ek Khoj na Shyam Benegal, kashi 53, a kan tarihin Indiya. A Tamas dare ya koma dare, fitilar kananzir ta koma fitilar kananzir.

Gwamnatin Indiya ta ba shi lambar Dadasaheb Phalke ta shekarar 2008, wadda ita ce mafi girma a sha'anin fim a ƙasar, aka sanar a farkon 2010. Tun da aka fara ba da ita a 1969 ba a taɓa ba wanda sana'arsa ɗaukar hoto ce zalla ba sai shi. Ya rasu a Bangalor ran 7 ga Afrilu 2014, yana da shekara 90.

Ga samarinmu masu ɗaukar bidiyon biki da suna, da masu gwada shirya fim da waya, muna roƙo ku nemi finafinan nan uku. Amma ku kula da kwafin da za ku samu na Kaagaz Ke Phool, domin akwai waɗanda aka datse gefe da gefe don su cika allon talabijin irin na dā, a cikinsu sai ka ga Suresh shi kaɗai yana kallon bango, an yanke Shanti, an yanke filin da ke tsakaninsu. Akwai kuma waɗanda aka ƙara musu haske wai don a gyara, baƙin ya koma toka-toka. Ku nemi mai faɗi, mai baƙi sosai, ku jira dare, ku kashe fitilar ɗaki. In kun kai wurin sandar hasken nan, ku tsai da hoton, ku ƙirga abubuwa nawa ne a allon ake gani, nawa ne kuma aka bar muku ku cika da kanku, sa'an nan ku zo ƙofar makaranta mu ci gaba da gardamar.